Laktayen Baba

"Kai, tsaya!" Baba ya riƙo hannuna a wurin bikin cikar mujallar maza shekara ɗari, nan Landan.

A bango an liƙa shafin da ya koyi ɗaura laktaye daga ciki. Maraya ya tashi, mujallar ce ta koya masa aske gemu da sa kwat. Ƙarƙashin zanen an rubuta: a duba ta madubi.

"Ashe shekara hamsin a baibai nake ɗaurawa!" Ya juya ga Mama. "Ke kuma kullum kina gyara min a bakin ƙofa, kika yi shiru?"

Mama ta kai hannu wuyansa, ta daidaita ƙullin.

"Haba tsoho, da na faɗa, da wane dalili zan riƙa tsayar da kai?"