Abin da Ke Cikin Filash

A ofishin ƙungiyar agaji na soka filash ɗin a kwamfutata, na ɗora yatsu kan na'urar rubutun makafi, ina jiran ɗige-ɗigenta su taso.

Wata huɗu ke nan da suka ba ni ita, ko motsi ba ta yi, don filash ɗin da suka haɗo mini da ita a yau ya zo ba tare da na taɓa samun fayil ɗin da zai sada ta da kwamfuta ba. A Kuyello kuwa babu sabis, balle in sauke shi. Ɗalibaina bakwai na jira, shi ya sa na hau acaɓa na ratso daji har Birnin Gwari, rai a hannun Allah, in karɓi fayil ɗin a filash ɗin da suka yi mini alkawari.

Muryar kwamfuta ta fara karanto mini: hoto na ɗaya, hoto na biyu, har ɗari uku.

"Yallaɓai, ina fayil ɗin?" na tambayi jami'in.

"Af, Malama, wuri ne ya yi kaɗan, muka goge shi. Hotunan bikin miƙa miki na'urar ne. Kin yi kyau ƙwarai, ki je gida ki kalla."

Na zare filash ɗin. Ni da ban taɓa ganin fuskata ba.