Gurasar Farko ta Dikko Ce

Dikko ya fesa turare, ya gyara zaman hula, ya ƙwanƙwasa ƙofar maƙwabtansu Indiyawa. Haidar, abokin zamansa, yana baya a matsayin ɗan rakiya.

Tun da suka tare a wannan bene na unguwar Muraqqabat, kullum da safe tsohuwar gidan Indiyawan kan aiko jikarta Shalini da gurasa mai zafi, ta sha man shanu: "Kaka ta ce ta farko ta Dikko ce." Haidar kuwa sai can an jima ake miƙo masa ta ƙarshe, busasshiya. Dikko bai ga wata fassara ba: suruki ake nema.

Shalini ta buɗe, katin aiki a wuya, tana saurin kama jirgin ƙasa na metro.

"Na zo gaida Kaka," in ji Dikko, murya ƙasa-ƙasa. "In kuma ji me ya sa ni aka zaɓa."

Ta toshe baki tana danne dariya. "A garinmu gurasar farko ta saniya ce, don girmamawa. Kaka ba ta sa komai a baki sai an fitar da ita. To ina saniya a hawa na tara? Shi ne ta ce duk benen nan kai kaɗai ne mai idanunta da haƙurinta."

Haidar ya riƙe ciki, har da zama a ƙasa. "Wayyo, ango! Khalas, shi ke nan!" Ya share hawaye. "To ni da ake ba ta ƙarshe fa?"

Shalini ta danna lif.

"Ta ƙarshe ta kare ce."