Masu Sauraron Baba

Ƙarfe biyu na rana Tabitha ta zauna a bayan otel ɗin da take aiki a unguwar Bukit Bintang ta ƙasar Malesiya, da shinkafa a cinya, tana jiran kiran Baba.

Shekara ashirin ke nan da ya kafa ɗan gidan rediyonsa a ƙauyensu, ba ya sa komai sai waƙoƙin kantiri na Turawa. Kullum yakan kira ta, ya ajiye wayar kusa da makirufo, ta saurari shirin safe, don a lokacin safiya ce a can gida. Ita kuma takan tura masa gaisuwa da sunayen ƙarya, don ya ɗauka har Malesiya yana da masu sauraro.

Yau yayanta Gamaliel ne ya kira.

"Tabitha, Baba ya rasu da asuba."

Ta zuba wa shinkafar ido. Hawaye bai zo ba.

"Yaya, wa zai riƙe gidan rediyon?"



"Wane gidan rediyo? Shekara uku ke nan da iska ta kayar da eriyar, ba a gyara ba. A ɗakinsa yake zama da kaset-kaset ɗinsa ya yi shirin. Ke kaɗai kike ji."

Ta ce, "To." Lokacin hutunta ya ƙare, ta tashi ta koma aiki.