Tsuntsun Kawu Nicanor

"Ku yi shiru," na ce wa baƙin da na kawo yawon buɗe ido. Na tsaya gaban dalar dutse da kakanninmu, ƙabilar Mayawa, suka gina, na tafa hannu sau ɗaya. Kukan tsuntsu ya amsa daga saman ginin. Baƙi suka hau sowa.

Ni na san tsuntsun. Kawuna Nicanor ne, ɓoye a bayan dutse da usur ɗin laka. Shekara tara muna haka, ladansa kwanon miyar talotalo kullum. Duk ranar da asirin nan ya tonu, aikina ya ƙare ke nan.

Muka gangara kogon ruwa don baƙi su yi iyo. Sai ga Kawu kwance a ragar lilonsa, ƙafa a kumbure, yana jiran kwanonsa.

"Kawu, da wannan ƙafar ka hau dutse?"

"Wane dutse? Tun makon farko usur ɗin ya fashe, ban sake zuwa ba."

"To wa yake amsa mini?"

"Ginin mana. Haka kakanninka suka gina shi, kai kaɗai ne ba ka yarda ba." Ya leƙa kwanon da na miƙa masa. "Yau babu cinya?"