Cinyar Ragon Marini

Tun da ka ce ai kana aike gida duk shekara, zauna ka ji abin da ya sami wani marini. Labarin ya yi yawo, kowane gari da irin gishirin da yake sa masa. Wasu su ce fatalwa ce ta zo masa, wasu su ce mafarkin wanda ya cika ciki da kitse ne. Ni dai na san matacce ba ya dawowa, amma Allah yana farkar da bawansa ta inda ya so.

Marinin nan yana da yaya mace guda, uwa ɗaya uba ɗaya, tana aure a wani ƙauye, tafiyar rabin yini. Al'adar gidansu ce tun kakanni, in an yi layya, ƙane ne zai saɓa cinyar dama a kafaɗa ya kai wa babbar 'yar gida da kansa. Wata shekara hannu ya yi masa gajere, ya yanka ɗan rago ramamme, ya kai mata. Ita kuwa akwai barkwanci. Ta ɗaga cinyar a gaban mutanen gida ta ce, "Auta, rago ka yanka ko zabo?" Aka kwashe da dariya. Ita kafin la'asar ta manta, shi kuwa maganar ta kama shi yadda baban rini ya kama hannunsa, wanki ba ya fitarwa. Bai ƙara taka ƙauyen ba. Amma fa bai daina aike ba, nan ne wayonsa. Duk shekara sai ya turke ragon da ya fi na kowa a unguwa, ya sha dusa da harawa, ya yanke cinyar da sai an yi nishi kafin a ɗaga, ya ba wani ya kai. Mutane na yabonsa da zumunci, alhali ramuwa yake yi. Haka har shekara tara.

Washegarin wata Babbar Sallah, da rana tsaka, ya gyara cinyar a tire, ya rufe da faifai, ya kishingiɗa a zaure yana jiran mai tafiya ƙauyen. Sai ya ji sallama. Mahaifiyarsa ce, wadda ta shekara ashirin a ƙasa, sanye da zanen da ya rina mata da hannunsa. Ba ta yi masa faɗa ba. Ta nuna masa bango kawai, sai ga yayarsa a jikin bangon tana 'yar ƙarama, goye da shi, tana tsallaka rafi ruwa iya gwiwa, zanen goyo ya yi mata sawu a ƙirji. Kafin ya buɗe baki mahaifiyar ta tafi.

Na biyu maƙwabcinsa ne mai jaki, wanda ya saba kai masa aiken, ya rasu bara da damina. Ya tsuguna inda ya saba tsugunawa, ya ce, "Akwai abin da na ɓoye maka ina raye, don na san halinka. Duk shekara in na isa, ba tiren take kallo ba, bayana take leƙawa. Tabarma biyu take shimfiɗawa, ta naɗe ɗaya. Naman kuma maƙwabta take raba wa, ba ta taɓa sa shi a baka ba. Zuwana na ƙarshe idonta ya tafi, sai da baki ta tambaye ni ko kana tafe."

Na uku ba sallama, ba fuska, lulluɓe da fari, ɗanyar jar ƙasa a ƙafafunsa. Ya dire wani tire a gabansa, ya ɗaga faifan. Cinyarsa ce ta dawo, ƙuda na binta. Marini bai buƙaci bayani ba, ya san aike ba ya dawowa sai in an rasa mai karɓa.

Ya farka jiƙe da gumi, ga tirensa nan a rufe yadda ya bar shi. Ko hula bai tsaya nema ba. Ya saɓa cinyar nan, wadda ya kiwata don nuna isa, ga shi yau ita ce ke karya masa kafaɗa, ya kama hanya yana tafe yana roƙon Allah ya sa bai makara ba. Gab da magariba ya hango ƙofar gidan, maza zaune jere a kan tabarmi. Ya ɗauka zaman makoki ne. Sai da ya matso ya ji dariya da ƙamshin suya, ashe 'yan barka da Sallah ne. Ya yi ajiyar zuciyar da har sai da suka waiwayo.

Ya same ta a tsakar gida, ta tsufa, ido ya rufe, gefenta tabarma a shimfiɗe ba kowa a kai. Ya matsa kusa da ita. Ita ce ta ɗaga kai ta ce, "Warin baba nake ji. Auta?"

"Ni ne, Yaya."

Ta laluba hannunsa ta riƙe, ta daɗe ba ta saki ba. Can ta shafa cinyar daga sama har ƙasa ta ce, "To, bana zabon ya yi ƙiba." Ya yi dariya hawaye na zuba, irin dariyar da ya kamata ya yi tun shekara tara. A ranar aka soya naman, ta ci har ta nemi ƙari.

To, kai ma da kake aike, ba a ce ka daina ba. Amma tire ba ya zama a kan tabarmar da aka shimfiɗa maka. Hausawa sun riga sun faɗa: zumunta a ƙafa take.