Ƙwayoyin Da Suka Ƙi Daidaita

Gilashi na tara ke nan cikin mako biyu da Oga Ba-Kuskure ya jefa a kwandon shara.

"Maman 'Yan Biyu, wannan aiki ne ko wasan yara?"

Ƙa'idar ɗakin gwajin jini na asibitin ita ce, duk safiya kafin a taɓa jinin marasa lafiya, sai an shafa ɗigon jinin mai lafiya a gilashi, a rina, a duba a madubi mai ƙara girman ƙwayoyi. In jajayen ƙwayoyin suka fito girmansu ɗaya, to rini da hannu sun yi daidai. Shafawa da rinawa aikin Maman 'Yan Biyu ne, shekara goma sha ɗaya tana yi. Dubawa kuwa ta Oga ce, kuma in ya ce ya gani, magana ta ƙare.

Sai ga shi ƙwayoyin sun ƙi. Wata ƙatuwa, wata 'yar mitsitsiya, wata duk ta koɗe, kamar an juye maɓallan riguna daban-daban a faranti.

Aka canza rini. Aka kira mai gyaran madubi, ya kwance, ya ɗaura, ya sha faɗa ya tafi. Saura mutum ɗaya da za a ɗora wa laifi.

"Oga, ko dai jinin ne..."

"Jinin me? Kada ki raina min hankali! Hannunki ne ya fara rawa. Zuwa gobe in bai gyaru ba, ki nemi wani wurin."

Wa ya isa ya ja da shi? Mutumin da shekara ashirin da shida bai taɓa kwanciya ciwo ba, har masu shara sun haddace lissafin. Tsayawar da yake yi a tsakiyar matakala kwanan nan ma, wai waya yake dubawa. Ƙanƙarar da yake wuni yana taunawa kuwa, ai zafin gari ne.

Hankalinta ya tashi matuƙa. Aikin nan shi ne cinta, shi ne makarantar yaranta. Washegari gilashi na goma ya bi sahun 'yan'uwansa. Da Oga ya shige ofis ya rufo ƙofa, ta tsamo shi daga kwandon, ta haura sama wurin likitar jini.

Likitar ta daɗe da ido a madubi.

"Wa ya yi shafar nan?"

"Ni ce, likita."

"Hannunki lafiya lau, baiwar Allah. Jinin ne ba lafiya. Irin wannan bambancin girma, ko dai sinadarin ƙarfe ya yi masa ƙaranci, ko jini na zurara a cikinsa bai sani ba. A kawo min shi yau. Yana wane gado?"

Maman 'Yan Biyu ta nuna ƙasan bene da yatsa.

"Ba ya gado, likita. Yana ofis yana rubuta takardar korata. Oga bai yarda da lafiyar kowa ba, kullum nasa yatsan yake hudawa."