Ginshiƙi na Uku

Shago na huɗu ke nan Injiniya ta shiga tun safe, amsar dai ɗaya ce: babu. Tsohuwar manhajar zanen gini take nema, irin wadda ake ɗorawa a filashi, a soka ta a kowace kwamfuta ta tashi ba sai an girka ba. Sababbin na ofis sun ƙi buɗe zanen makarantar da ginshiƙinta ya tsage, don ya shekara goma sha tara.

Ƙarfe biyu kwamitin bincike zai zauna. Kwana uku ke nan tsohon magini yana tsare, wai ya sa siririn rodi ya soke ragowar kuɗin. In ba a ga zanen ba, a kansa za a sauke komai. Matarsa na can barandar ofis, ta ƙi ci, ta ƙi tafiya.

Mai gyaran kwamfuta na shago na biyar ya yi dariya har da dukan tebur.

"Hajiya, ai wannan kakar manhajoji ce! Ta wace shekara?"

Ta faɗa masa ba ko tunani. Ya zazzage wani gwangwani cike da tarkace, ya tsinto filashi guda duk tsatsa. Sau biyu manhajar ta ƙi, a na uku ta tashi.

Injiniya ta ja kujera, ta buɗe zanen da ta zo da shi, yatsunta suka hau aiki da kansu. Ba ta yi lalube ba, kai tsaye ta wuce ginshiƙi na uku. Rodi mai lamba sha biyu aka rubuta a inda ya kamata a sa sha shida. Abin da aka ba magini, shi ya gina.

Tsoro ya kama ta sosai. Ta daɗe tana kallon lambar, ta dubi agogo, ta sake dubawa.

"A gyara wani abu ne, Hajiya?"

"A'a. Buga min shi yadda yake."

A barandar ofis ta durƙusa gaban matar maginin. "Inna, tashi ki ci abinci. Yau Baba a gida zai kwana."

Biyu saura kaɗan ta shimfiɗa takardar gaban shugaban kwamiti. Ya sa tabarau, ya ga lambar, ya bi da yatsa har kusurwar da mai zane ke rubuta sunansa. Sai ya ɗago a hankali ya dube ta, don sunan da ke wurin nata ne.